Na'urar gwajin tururin nukiliya a wurin 'yan gwangwan: yadda na same ta

Ni sana'ata sayen tsofaffin ƙarafa a Accra. Tun da aka rushe Agbogbloshie, babbar kasuwar 'yan gwangwan ta Accra, a 2021 muka watsu, kaya kuma suna zuwa mana daga ko'ina, har da injinan kamfanonin haƙar zinariya da na aikin titi. Wasu na'urorin awo na irin waɗannan wurare akwai sinadarin siziyam-137 mai fitar da tururin nukiliya mai haɗari a cikinsu, ba wari, ba hayaƙi. Shi ya sa na sayi wannan 'yar na'ura.

Girmanta kamar tsohuwar wayar hannu, ana cajinta da cajar waya. A fili takan nuna wajen 0.1 zuwa 0.2, wato tururin da ke ko'ina a ƙasa da iska. Na kara mata sandunan walda masu jan kai, waɗanda ke da ɗan sinadarin toriyam mai fitar da tururin, lambar ta ɗan hau, ƙarar ta ƙaru. Nan hankalina ya kwanta cewa tana aiki.

Amma tana da jinkiri. Sai ka matsa kusa, ka tsaya ka jira. Tirela cike da ƙarfe, abu ya nutse a tsakiya cikin kwanson darma, wallahi ba za ta ji shi daga waje ba. Ƙararta kuma ba ta da ƙarfi. Idan yara suna ta buga guduma, sai ka ɗora ta a kunne. Takardar bayanin ma ba ta ce komai ba game da abin da mutum zai yi idan ta yi kuka.

Wannan ne ya fi damuna. A Goiânia ta Brazil, a 1987, masu irin sana'armu ne suka fasa kwanson tsohon injin maganin ciwon daji, suka ga gari mai shuɗin haske, aka raba wa dangi. Mutum huɗu suka rasu, an gwada sama da dubu 100, har gidaje aka rushe aka kwashe ƙasa.

Na ce wa yarana: duk ƙarfe mai nauyin da ya wuce girmansa, ko mai alamar fanka mai fuka-fuki uku, kada a yanka, kada a ɗauka. A ja baya, a kira Hukumar Makamashin Nukiliya ta Ghana da ke Kwabenya, su ke da ma'ajiyar irin wannan shara.

Mai ƙaramin fili, na ce ka saya. Mai loda manyan motoci zuwa garin Tema kuwa, wannan ba za ta ishe shi ba.