Na kalli fim ɗin tarihin Mick Ronson, mai jitar David Bowie

Jiya da daddare da aka kawo wuta na zauna na kalli Beside Bowie, fim ɗin tarihin Mick Ronson, mai kaɗa wa mawaƙin Ingila David Bowie jita, da Jon Brewer ya fitar a 2017. Bai kai awa 2 ba amma ya cinye min data sosai, kuma wallahi ban yi da na sani ba. Shekara biyu ke nan ina koyon jita, yatsuna har sun yi kanta, kuma tun farko sautin mutumin nan ne ya ja ni tun ban ma san sunansa ba, ni dai Bowie kawai na sani kamar kowa.

Abin da ya fi taɓa ni shi ne farkonsa. Ronson ɗan garin Hull ne a arewacin Ingila, ya je Landan neman sa'a abin bai yiwu ba ya koma gida ya kama aikin lambu a ƙaramar hukuma, a 1970 wani abokinsa mai ganga ya same shi yana shata layin filin wasa ya lallaɓa shi ya zo wurin Bowie. Cikin shekara biyu sai ga Ziggy Stardust, shahararren faifan Bowie. Kuma fa ba jita kaɗai ba, tun yana yaro ya koyi fiyano da goge irin na Turawa, shi ya tsara kiɗan gogen da ke cikin waƙar Bowie Life on Mars, sannan shi da Bowie suka haɗa wa mawaƙi Lou Reed faifan Transformer a 1972. Duk lokacin da aka nuno shi da jitarsa ƙirar Les Paul ɗin nan da ya kankare wa fenti har katako ya fito, sai na tsayar na mayar baya ina kallon hannunsa na hagu, yadda yake girgiza tsirkiya ɗaya ta yi ta kuka ba ya gaggawar sakinta. Sau huɗu na maimaita wani wuri.

To amma ga inda raina ya ɓaci, kuma ba da fim ɗin ba, da labarin kansa. Kura da shan bugu gardi da kwashe kuɗi! Sunansa ba ya cikin marubutan waƙoƙin nan saboda haka ribarsu ba ta zuwa masa, albashi kawai, kuma a ranar 3 ga Yulin 1973 a zauren wasa na Hammersmith Odeon da ke Landan Bowie ya sanar a kan dandali an gama, ƙungiyar makaɗansa da Ronson ke ciki ta watse. Mu ma nan mun san wannan, kowa ya san Shata amma mutum nawa ne za su iya kawo sunan masu kalangunsa?

Kuskuren fim ɗin a ganina, Bowie ya yi yawa a ciki. Eh muryarsa ce ke ba da wani ɓangare na labarin kuma da daɗin ji, amma shekaru 20 ɗin da suka biyo bayan watsewar ƙungiyar sai aka bi ta kansu a guje, alhali nan ne aikin Ronson da wasu mawaƙa: aikinsa da Ian Hunter, da yawon wasan da ya bi Bob Dylan a 1975, da faifan da ya haɗa wa Morrissey a 1992 lokacin ciwon dajin hanta ya riga ya kama shi Ronson ɗin. A shekarar ce ya hau dandalin Wembley a Landan a wasan tunawa da mawaƙi Freddie Mercury ya tsaya gefen Bowie kamar da. Ya rasu a Afrilun 1993 yana da shekara 46. Matarsa Suzi in tana magana sai ka ji tausayi ya kama ka.

Wanda zai kalla don Allah ya sa abin kunne mai kyau, sifikar waya tana kashe sautin jitar gaba ɗaya. Ni na ba shi 7 cikin 10, kuma yau da safe kafin in fita kasuwa sai da na ɗauko tawa na gwada girgiza tsirkiyar nan har ƙanwata ta leƙo ta ce in bari yara su yi barci.