Rigar Anarkali da na saya a Chandni Chowk

Shekarata goma sha huɗu a kan keken ɗinki, kuma tun ranar da na ga Rekha a fim ɗin Umrao Jaan na 1981 rigar rawar da ta sa ta tsaya min a rai. Da na raka Hajiyarmu jinya Delhi, ranar da ta ɗan samu sauƙi na lallaɓa kasuwar Chandni Chowk, na shiga wani ɗan shago kusa da Kinari Bazaar wanda mutum biyar ma ba za su zauna a ciki ba.

Ina ambatar mujra, wato irin rawar da Rekha ta yi a fim ɗin, mai shagon ya jawo min wata matsattsiyar riga ta raga, an liƙe mata duwatsun roba da gam, wai ita ake yayi yanzu. Na ce ya mayar. Matan da ake kira tawaif a Lucknow, tun zamanin sarkinsu Wajid Ali Shah wanda Turawan Ingila suka tuɓe a 1856, rawar kathak suke yi da waƙa, a rufe ruf daga kafaɗa har idon sawu. Rigarsu peshwaz ce. Sunan Anarkali daga baya ya bi irin wannan ɗinki, bayan Madhubala ta fito a matsayin Anarkali a fim ɗin Mughal-e-Azam a 1960.

Sai ya hau tsani ya sauko da wata koriya shar. Na juya bayanta na ƙirga fallayen yadin, waɗanda suke kira kali: ashirin da huɗu cif, kowanne siriri a ƙarƙashin ƙirji, yana buɗewa yana sauka. Na sa tef, gindin rigar yadi shida. Wallahi a nan kuɗina ya halatta. Rigar tana rataye ba ka ganin komai, amma da na sa ta a masauki na juya sau ɗaya, sai ta tashi ta baje kamar faifai, kalmasar ƙasa mai nauyi tana riƙe da ita. Wanda ya yanka ta ya san don juyi aka yi ta. Wandon churidar ma ya burge ni: a karkace aka yanke shi, ya fi ƙafa tsawo, ragowar ta tattare a idon sawu kamar awarwaro, kuma daga nan sunan ya samo asali, don churi na nufin awarwaro.

Inda na ji haushi, surfanin wuya. An rantse min zardozi ne, wato surfanin zaren zinare na hannu, amma duk mai ɗinki ya kalli bayansa ya san aikin inji ne. Shafin ciki bai kai hammata ba, zaren zinaren ya yi ta kartata har na farke na sake shafi da kaina. Mayafin kuwa wankin farko ya zuba.

Na haɗa da ghungroo, 'yan ƙararrawar tagulla da aka jera a igiyar auduga, hamsin kowace ƙafa. Ƙwararru kan ɗaura ɗari ko fiye. Sautinsu ya fi na akayau taushi, ƙanwata har yau ba ta dawo min da su ba.

Zan koma shagon, don rigar da wandon kaɗai. Rupi dubu tara ya fara sa min, muka daidaita a shida da rabi. In kin je, ki juya rigar ki ƙirga kali da hannunki kafin a fara ciniki, mayafi kuma ki saya a wani wurin.