Kafin ka cika memori da fim ɗin Indiya: Hindi, Telugu ko Malayalam?

Na Hindi mun san shi tun muna yara: soyayya, rawa, ɗan mai kuɗi da 'yar talaka. Na Telugu kuwa jarumi ɗaya ne zai daki ƙarti hamsin, mota ta tashi sama. In abin da kake so ke nan, bismilla. Na Tamil yana da nasa, amma shi ma bautar jarumi ta yi masa yawa.

Ni dai kuɗina na Malayalam ne, harshen jihar Kerala da ke kudu maso yammacin Indiya. A ƙidayar 2011, kusan kashi 94 cikin 100 na mutanen jihar sun iya karatu da rubutu, shi ya sa ba a yi musu labarin rainin hankali. Sama da kashi ɗaya cikin huɗu Musulmi ne, ga Kiristoci da yawa, don haka za ka ga masallaci da coci da ɗakin bautar Hindu a unguwa guda, ba a matsayin ado ba. Jarumi ko da Mammootty ne ko Mohanlal, manyan taurarin fim ɗin Malayalam, sai ka gan shi ɗaure da farin zane a teburin mai shayi, ana musun siyasa ƙarƙashin jar tutar 'yan gurguzu. Sannan ga 'yan ci-rani a Dubai da Saudiyya, da matan da aka bari suna jiran aike.

Fara da Sudani from Nigeria na 2018: ɗan ƙwallo daga Najeriya ya ji rauni a Malappuram da ke Kerala, tsofaffin mata Musulmi suka yi jinyarsa kamar ɗan cikinsu, alhali ba sa jin yaren juna.

Amma ka yi hattara da masu tura fina-finai. A wajen yawancinsu duk fim ɗin kudancin Indiya sunansa ɗaya. Na taɓa biyan kuɗin Drishyam na Mohanlal, na 2013, sai a gida na tarar da na Ajay Devgn, maimaicin Hindi na 2015. Wasu kuma a silima aka ɗauko su da waya, har kawunan mutane kake gani. Wasu an datse hirarraki an bar faɗa, kuma fim ɗin Malayalam in ka cire hira ka cire komai. Masu cewa a Telegram ka tura kuɗi su buɗe maka tasha, rabu da su.

Kafin ka biya, sa a kunna maka: duba jarumin, duba tsawon fim ɗin, ka tabbata rubutun fassarar ƙasa yana tafiya daidai da magana.