Gargaɗi ga masu buga PES a PPSSPP: ku yi hattara da mai sayar da sharhin Larabci

Salam 'yan uwa, dan Allah duk wanda ya karanta wannan ya tura wa ƙannensa, domin su aka fi cuta.

Akwai wani da ke yawo a guruf-guruf na WhatsApp da Telegram yana tallar wai zai sa maka muryar masu sharhin ƙwallo na Larabci, Issam Chaouali ko Fahad Al-Otaibi, a cikin gem ɗin ƙwallonka na PES da kake bugawa a PPSSPP (afilikeshan ɗin da ke kunna gem ɗin na'urar PSP a waya), har da ɗan bidiyo yake turawa ana cin ƙwallo mai sharhi yana ta ihu, kuma kun san yadda muka saba da muryoyin nan a gidan kallo, yaro na ji sai hankalinsa ya tashi. Ƙanena ya tura masa dubu uku, ya turo fayil ɗin zip a kulle, ya ce fasawod sai an ƙara dubu biyu. Aka ƙara. Da aka buɗe da ZArchiver ba ISO a ciki, wato fayil ɗin gem ɗin kansa, wani APK ne kawai, irin fayil ɗin da ake saka afilikeshan da shi a waya, wai shi ne zai kunna sharhin.

To nan ne matsalar take. Yaron ya saka shi, abin ya nemi izinin karanta SMS ya danna masa, bai san cewa ta SMS ɗin ne lambar OTP ta banki ke shigowa ba. Allah ya taimaka da daddare ya kawo min wayar yana cewa gem ɗin ya ƙi tashi, na ga abin, muka goge shi muka canza fin a take. Mutumin kuwa tuni ya yi bulokin ɗinsa.

Ni na daɗe ina tura wa mutane gem a shago, wallahi sharhi ba afilikeshan ba ne. Sauti ne da ke zaune a cikin ISO ɗin kansa, masu gyaran gem suna buɗe shi a kwamfuta su cire muryar asali su dasa ta Larabci su sake rufewa. Abin da ke biyo shi bai wuce SAVEDATA da TEXTURES ba, waɗanda ake zubawa a folda mai suna PSP, su ne ke kawo sabbin 'yan wasa da rigunan bana. Ba inda APK ya shigo, in ban da PPSSPP ɗin kansa, shi kuma kyauta ne a Play Store tun da Henrik Rydgård ya fito da shi a 2012, Gold ne kawai na kuɗi.

Sannan wannan maganar da yake yi wai nasa orijinal ne daga kamfani, ƙarya ce tsagwaronta. PES 2014 ne na ƙarshe da Konami, kamfanin da ke yin gem ɗin, ta yi wa PSP, duk wani 2024 ko 2025 da kuke gani tsohon ne aka yi wa kwaskwarima. Shi ya sa ma wani lokaci za ka ji mai sharhin ya kira sunan ɗan wasan da ba ya fili, ko ya yi shiru in sabon yaro ya taɓa ƙwallo.

Abin da ya fi min ciwo kuɗin kati ne yaron ya tara na sati biyu, ga data da ya ƙone wajen saukewa. In ka riga ka saka irin wannan APK, kashe data yanzu, ka goge shi, ka canza fin ɗin bankinka daga wata wayar, in ka ga an taɓa kuɗi ka kira bankin su rufe asusun kafin gari ya waye.