Tsakanin La presa di Roma da Il piccolo garibaldino, ga wanda za ka saya

Malam, in kana tambayar wanda za ka saya cikin waɗannan tsofaffin fina-finan Italiya biyu marasa sauti, ɗauki Il piccolo garibaldino, kada ka yi wata-wata. Duka biyun ina da su a faifai, amma shi nake yawan kunnawa.

Kamfanin Cines na birnin Rum ne ya fitar da shi a 1909. A labarin, uban wani yaro ya bi Garibaldi, jagoran yaƙin haɗe kan Italiya, zuwa yaƙin tsibirin Sisili na 1860, cikin 'yan sa-kai kusan dubu masu jajayen riguna. Yaron ya sulale daga gida ya bar uwarsa, ya iske uban a fagen daga, harsashi ya same shi, kuma kafin rai ya yi halinsa sai da ya sumbaci takobin Garibaldi. Ranar da na fara kunna shi yayata na gefe tana tsintar shinkafa. Ba ta jin ko kalma ɗaya ta Italiyanci, ban kuma fassara mata rubutun da ke fitowa tsakanin fage da fage ba. Da aka zo inda uwar ke kuka, yaron ya bayyana mata tare da wata mace da ke wakiltar ƙasar Italiya, sai ta ajiye tiren a ƙasa ta ce, "To ita uwar wa ya nemi izininta?" Har yau tambayar nan na cina. An yi fim ɗin don a cusa wa yara kishin ƙasa, amma zafin sadaukarwar a fuskar uwar za ka gan shi.

Shi kuwa La presa di Roma na darakta Filoteo Alberini, darajarsa ta tarihi ce. An haska shi a fili kusa da ƙofar Porta Pia ranar 20 ga Satumba 1905, cikar shekara 35 da sojojin Italiya suka fasa ganuwar Rum. Sojoji ne ke rugawa cikin hayaƙi, babu mutum guda da zuciyarka za ta riƙe, kuma 'yan mintuna kaɗan ne suka rage daga cikinsa.

Nan aka cuce ni. Wani mai sayarwa a intanet ya rantse mini nasa cikakke ne, na biya, ashe guntun da kowa ke da shi ne, dishi-dishi, an ɗora masa kiɗan da bai dace ba. Cikakkensa ya ɓata, duk wanda ya ce yana da shi ƙarya yake. In har za ka saye shi, nemi kwafin da Cineteca Nazionale, ma'ajiyar fina-finan ƙasar Italiya, ta gyara, kuma a kunna maka ka gani da idonka kafin ka tura ko sisi.