Arma 3 da ƙarinsa na Laws of War: wasan yaƙin da bai manta da nakiya ba

Wata uku na yi ina buga Arma 3 a kwamfutata a nan Yamai, kuma ban taɓa cin karo da wasan harbi da ya hana ni gaggawa kamarsa ba. Kamfanin Bohemia Interactive na ƙasar Cek ne ya fitar da shi a 2013. Fagensa tsibirin Altis ne, mai faɗin murabba'in kilomita 270, wanda aka zana bisa siffar tsibirin Lemnos na Girka. Harsashi ɗaya ko biyu kan kwantar da soja, nauyin kaya kan sa shi haki har bakin bindiga ya riƙa rawa, kuma mutum kan yi doguwar tafiya bai ga wanda ke harbinsa ba. Wanda ya saba da ruga-in-harba na Call of Duty zai sha wuya a kwanakin farko.

Abin da ya fi ratsa ni shi ne ƙarin Laws of War na 2017, wanda aka shirya tare da ƙungiyar agaji ta CICR, wato kwamitin Croix-Rouge na ƙasa da ƙasa. A cikinsa kai ma'aikacin kwance nakiyoyi ne a kufan garin Oreokastro bayan yaƙi ya lafa, kana bin sawun yadda nakiya ta hallaka wani farar hula da ya komo neman ɗan'uwansa. Wasan kan mayar da kai baya, ya saka ka cikin rigar waɗanda suka yi faɗan, har ka dasa abin da za ka zo ka tone da hannunka. Mu da muka ji labarin nakiyar da ta tashi a unguwar Yantala ta Yamai a watan Janairun 2008, muke kuma jin abin da ke faruwa a hanyoyin jihar Tilaberi, wannan sashe ya wuce nishaɗi a wurinmu.

Yana da naƙasu. Babu shi a PlayStation, yana bukatar kwamfuta mai ƙarfi, maɓallansa sun yi yawa, kuma sojojin da na'ura ke sarrafawa sukan yi wauta a bakin ƙofa ko kan gada. Akwai fassarar Faransanci, wadda ta taimaka mini ƙwarai.

Ƙanena mai shekara 12 ya roƙe ni ya buga, na hana shi fagen daga. Ranar Lahadi dai na zaunar da shi kusa da ni, muka bi titin Oreokastro da na'urar gano nakiya, taku bayan taku.