Rufe shafi duka ko ɓoye wasa ɗaya a Steam

Wani ƙanena a fadarmu ta Birni, nan Damagaram, ya tambaye ni: "Yaya, ya zan yi abokai su daina ganin wasan da nake kwana a kai?" Hanya biyu na nuna masa a Steam, dandalin da ake saye da buga wasannin kwamfuta.

Ta farko tsohuwa ce. Ka shiga saitin sirri na shafinka, ka rufe bayanan wasanni baki ɗaya. Ba ta da wuya, amma kamar garƙame ƙofar gida ne saboda ɗaki ɗaya. Abokin da kuke buga Dota 2 tare ma ba zai ga kana ciki ba, balle ya faɗo ku haɗu.

Ta biyu kamfanin Valve, mai Steam, ya fara gwada ta a Disambar 2023. Ka zaɓi wasa guda ka mai da shi na sirri, ko tun yana cikin kwandon saye kafin ka biya. Daga nan ba wanda zai ga ka mallake shi, ko kana bugawa yanzu, ko awa nawa ka ci a kansa. Sauran wasanninka suna nan a fili. Ni ita na fi so, don mutum yana da haƙƙin sirrinsa ba sai ya yanke zumunci ba.

Sai dai na ja masa kunne: akwai wani maɓalli dabam da ke kawar da wasa daga jerin da kake gani a kwamfutarka kaɗai. Da wannan, abokai suna ci gaba da ganin komai.